Baƙon Sa'adu

A gidanmu akwai kalmar da ba a faɗi. Ni Jamilatu na girma, na yi aure, na haihu, ban taɓa jin ta fito daga bakin Inna ba, kuma duk wanda ya kuskura ya faɗe ta a gabanta, to ya gama cin tuwon gidanmu. Kalmar ita ce farfaɗiya. Ƙanena Sa'adu ke da ita tun yana ɗan lakwal, wato makarantar boko, amma Inna ba ta yarda da wannan suna ba. A wurinta baƙo ne. In abin ya kada shi sai ta ce baƙon Sa'adu ya zo, in ya dawo hayyacinsa ta ce baƙon ya tafi, a ci gaba da daka.

Unguwarmu a Matameye ta haddace karatun Inna tsaf. In Sa'adu ya faɗi a hanya, ko a bakin masallaci, ko wurin masu rake, macen da ta fi kusa za ta zare mayafinta ta lulluɓe shi, maza kuma su jeru su juya masa baya kamar katanga har abin ya wuce. Ya tashi ya kakkaɓe riga, a gaisa da shi a tambaye shi gajiya, sai ka ce daga gona ya dawo. Ba mai sake ta da zancen. Ba a banza Inna ta kafa wannan doka ba. Ta yi gaba da ƙanwar babanmu shekara da shekaru, don kawai matar ta ce a ware wa yaron kwanonsa kada yawunsa ya shafi sauran yara. Ta daina sayen nama wurin wani mahauci saboda ɗansa ya kwaikwayi faɗuwar Sa'adu. Mutane suka ga ba wasa a fuskar matar nan, suka bi, daga baya ma abin ya zama abin alfaharinsu. Ni ma da na yi alfahari da shi. Yanzu in na tuna, haushi ke ci na.

Katanga ɗaya ta raba gidanmu da gidan su Isufu. Tare suka tashi da Sa'adu, kwano ɗaya, benci ɗaya a lakwal. Duk unguwar ba wanda ya kai Isufu sanin baƙon nan, domin shi ba ya juya baya. Shi ke durƙusawa ya juya Sa'adu gefe, ya tallafi kansa kada ya bugu da ƙasa, ya share masa kumfar baki da hannun rigarsa. Da suka gama karatu suka sami aikin kwantaragi a biro ɗaya, wato ofis, na gwamnati nan cikin gari, aikin rubuce-rubuce da ajiyar takardu. Wanda bai san kwantaragi ba ya gode wa Allah. Ba ka ciki ba ka waje, albashi sai ya ga dama ya zo, kuma ranar da aka gaji da kai a ce ka ajiye makulli ka tafi.

Suna cikin wannan hali aka ba biron nasu gurbi ɗaya na cikakken ma'aikaci. Isufu ya riga Sa'adu fara aiki, ya kuma fi shi maki a jarrabawa, saboda haka kowa ya ɗauka kujerarsa ce, har an fara yi masa barka a hanya. Sai dai sanarwar ta zo da sharaɗi. Akwai kason da aka ware wa naƙasassu a aikin gwamnati, kuma gurbin nan a cikin kason ya faɗo. Sai in ba a sami mai nema daga cikinsu ba za a ba wanda ya fi maki. Ba wanda ya kula da sharaɗin, don a ganin mutane biron ba gurgu ba makaho.

Sa'adu ya kula. Ya hau mota ya tafi Damagaram wurin likitan da ke ba shi magani, ya karɓo takardar shaida ya sa cikin dosiyensa, wato takardunsa na neman gurbin, bai gaya wa kowa ba. Sakamako ya fito da sunansa.

Ni ban ga laifinsa ba, kuma har gobe ba zan gani ba. Mijina Iliyasu, da an kwashe amfanin gona, Kano yake tafiya cin rani, ya yi dako ya yi gini ya dawo da abin da ya samu. Isufu ma in an kore shi yau, gobe zai iya bin ayarin. Sa'adu fa? Ba ya hawa babur, ba ya hawa gini, ba a bari ya leƙa rijiya. Kujerar nan ita ce gonarsa, ba shi da wata.

Inna dai cewa aka yi da ita ɗanta ya yi sa'a. Ta dama fura ta soya waina, unguwa ta zo barka. Isufu bai zo ba. Uwarsa Hawa, wadda kullum da magariba take miƙo kwanon miya ta kan katanga, ta daina miƙowa. Ba a daɗe ba sammaci ya iso daga kotun Damagaram. Isufu ya shigar da ƙara, yana cewa an ba lafiyayye gurbin naƙasassu, takardar likita kuma ta sanayya ce. Kotu ta dakatar da naɗin har a gama shari'a. Shugaban biron ya kira Sa'adu ya gaya masa gaskiya, cewa in ta tabbata ƙarya ya rubuta, ba kujerar kawai zai rasa ba, har kwantaragin ma ya ƙare.

Ranar kasuwa na ci karo da Isufu wurin masu rake, yana tsaye yana feƙe wani da wuƙa. Ban gaishe shi ba.

Na ce, "Isufu, kai ne za ka tsaya gaban alƙali ka ce Sa'adu lafiyarsa ƙalau?"

Bai ko ɗago ba. Ya ce, "Ni ban ce lafiyarshi ƙalau ba, Yaya Jamila. Cewa na yi a kawo wanda ya gani."

"Kai ba ka gani ba?"

"Ni mai ƙara ne, ba mai shaida ba."

Sannan ya tsaya da fiƙar ya dube ni, ya zazzage abin da ke cikinsa. Ya ce duk ranar da baƙon ya zo, washegari Sa'adu ba ya iya haɗa layi biyu, shi ke yin aikin mutum biyu. In shugaba ya tambaya ya ce ya aike shi. Ya ce shi ma yana da mata da ƴaƴa, kuma ƴaƴansa ba iska suke ci ba.

"Shekara da shekaru ina rufa mai asiri, ashe ajiya nake yi mai. Ran da gurbi ya fito ya buɗe ajiyarshi ya saye kujerata da ita, ko ya ce mani ga abin da zai yi. In ciwo ne, don me ba a faɗi? In ba a faɗi, don me za a ci albashi da shi? Ku zaɓi ɗaya."

Na zage shi tas a gaban masu rake, na ce da shi butulu, na tuna masa tuwon Inna da ya ci har ya yi wuya. Ya ciji rakensa ya tofar da ɓawon kusa da ƙafata ya wuce. Da na koma gida, abin da ya fi ƙona mini rai shi ne na gane dabararsa. Isufu ya san unguwarmu ciki da bai. Ba da lauyansa ya dogara ba, da kunyarmu ya dogara.

Kotu ta sa a sake gwada Sa'adu. Aka jona masa wayoyi a kai a wani asibiti a Damagaram, na'ura ta yi zane-zanenta, ba a ga komai ba. Likita ya ce haka yakan faru in mutum yana shan magani kuma ciwon bai tashi ba, amma lauyan Isufu ya riƙe sakamakon nan yana kaɗawa kamar tuta. Alƙali ya ce to a kawo shaidu, waɗanda ba ƴan gida ɗaya ba, tunda ƴan gida suna da rabo a albashin. Lauyanmu, wani matashi mai suna Bawa, dariya ya yi. Ya ce mutumin da ya yi shekaru yana faɗuwa a tsakiyar unguwa ai shaidunsa sun fi ƙarfin mota ɗaya. Bawa a Yamai ya girma, ban ga laifinsa ba.

Dole aka gaya wa Inna. Sa'adu ya zauna a bakin tabarmarta ya yi ta kewaye-kewaye kafin ya fito da maganar. Ta saurare shi har ya gama, sannan ta ce ita ɗanta ba naƙasasshe ba ne, wanda ya rubuta haka shi da Allah. Ta tashi ta shige ɗaki. Amma da ranar zaman ta zo, ita ta riga kowa shiri. Ta ce za ta je ta kalli ƙwayar idon ɗan Hawa.

Mutum uku na nemo: Malam Sadisu limamin masallacinmu, Habibu tela, da Hadiza mai ƙuli-ƙuli. Ban yi musu ɓoye-ɓoye ba. Na ce zancen baƙon Sa'adu za a tambaye su, kuma aikinsa ya rataya a kan abin da suka faɗa. Duk suka ce haba, ai ba sai na roƙa ba, Sa'adu ɗansu ne.

Aka shiga ɗakin shari'a, Inna ta zauna a bencin gaba ta naɗe hannu, mayafinta har goshi. Aka fara da Malam Sadisu. Bawa ya tambaye shi ko ya san Sa'adu da wata lalura. Malam ya yi gyaran murya, ya saci kallon Inna, ya ce kowane bawa da irin jarrabawar da Allah ke yi masa. Lauyan Isufu ya miƙe ya ce tambaya ɗaya gare shi. Shin Malam ya taɓa ganin wannan mutum ya faɗi yana shure-shure, da idonsa? Malam Sadisu mutum ne da ba ya ƙarya. Ya ce shi dai duk lokacin da wani abu ya faru, baya yake juyawa. Lauya ya ce wato bai gani ba. Malam ya ce da ido kam bai gani ba.

Habibu tela ma haka. Shi har ƙarawa ya yi da cewa Sa'adu yaron kirki ne, bai taɓa jin wani abin assha a kansa ba. Da aka zo kan Hadiza zuciyata ta ɗan kwanta, don ita ta sha lulluɓe shi. Ta amsa cewa ta taɓa rufe shi da mayafi. Aka tambaye ta me ta gani. Ta ce mayafinta ta gani. Aka ce to me ya sa ta rufe shi? Hadiza ta juya ta dubi Inna, Inna ta dube ta. Sai na ji ta ce ranar zafi ake yi sosai.

Da aka fito, su ukun suka kewaye Inna fuska a sake kamar waɗanda suka dawo daga aikin gayya. Habibu ya ce, "Inna, ba mu ba ki kunya ba." Ta ce Allah ya yi musu albarka. Ni kuwa da ina da wuƙar Isufu a hannu ban san abin da zan aikata ba. Sun yanka ƙanena suna murmushi, suna jiran a gode musu. Can gefe na hango Isufu yana gyara hula. Bai yi dariya ba, bai ma buƙaci yi ba.

Alƙali ya ɗaga zaman zuwa wata mai zuwa, ya ce shi ne na ƙarshe. Bawa ya daina dariya. Ya ce mana takardar likita ɗaya ce a hannunmu, ga na'ura ba ta ga komai ba, ga shaidunmu da bakinsu sun ce ba su gani ba. Ya ce mu yi addu'a.

Sa'adu ya dawo gida ya daina zuwa biro. Ba ya fita sai masallaci, abinci ma sai ya tsakura ya ture. Wata safiya na zo gidan na ɗebi wankinsa, ina lalube aljihu sai na ji ƙwayoyi a ƙulle cikin leda. Maganinsa ne, na kwanaki da yawa, wanda Inna ke miƙa masa kullum da kofin ruwa. Ashe karɓa yake yi ya kai hannu baki, ya zura a aljihu. Na same shi a bayan gida wajen turken awaki, na buɗe tafin hannuna a gabansa.

Ya ce, "Yaya, sun ce a kawo wanda ya gani. To zan kai musu."

Na tuna masa abin da likita ya gaya mana tun farko, cewa yanke maganin nan kwatsam yana iya kawo faɗuwar da ba a tashi. Ya ce ya sani. Ya ce shi ya gaji da zama mutumin da kowa ya san ciwonsa amma ba wanda ya gani. In kujerar ta tafi, me zai zama? Ya zauna a zaure yana jiran Iliyasu ya aiko daga Kano? Na yi kuka, na yi faɗa, na ce zan gaya wa Inna. Ya ce in na gaya mata zai bar gidan ya tafi inda ba mai lulluɓe shi. Na san halinsa, na kama bakina, amma tun daga ranar ban sake cin abinci na ji daɗinsa ba.

Shi baƙon ba ya zuwa da alkawari. Ana saura kwanaki kaɗan a koma kotu ya kada shi a tsakar gida, faɗuwar da ban taɓa ganin irinta ba, har ya datse harshe. Inna ta lulluɓe shi, ta ce baƙon ya zo da ƙarfi wannan karon. Da ya farfaɗo ya gane a gida ne, hawaye na gani a idonsa. Ba na ciwo ba ne, na asara ne.

Ranar zaman ƙarshe muka cika mota, har da su Malam Sadisu da Habibu da Hadiza, wai sun zo rakiya saboda zumunci. Sa'adu bai karya kumallo ba, idonsa ya yi zuru-zuru. Aka shiga, lauyoyi suka yi ta Faransanci, ni ina kallon ƙeyar ƙanena ina roƙon Allah abu biyu da ba sa haɗuwa, kada ya faɗi, kuma ya faɗi. Ba abin da ya faru. Alƙali ya rufe dosiye ya ce za a sanar da hukunci, aka tashi.

A tsakar kotun, rana tsaka, muna jiran Bawa, na ji Sa'adu ya yi wata ƙara daga maƙogwaro. Kafin na juya ya kai ƙasa. Daidai lokacin alƙali ya fito daga ƙofar gefe zai nufi motarsa.

Ban taɓa ganin saurin mutanenmu irin na ranar ba. Kafin ƙiftawar ido Inna ta zare mayafi ta rufe shi ruf. Malam Sadisu da Habibu da direbanmu suka jeru kafaɗa da kafaɗa suka juya baya, Hadiza ta baza zanenta ta toshe gefen da ya rage. Alƙali ya tsaya yana leƙe, ba ya ganin komai sai bayan riguna. Na ji Malam yana ce masa ba komai, ranka ya daɗe, rana ce ta bugi yaro.

Na faɗa ciki na kama bakin mayafin. Inna ta riƙe ɗaya bakin.

"Inna, ɗage."

"Sake mani mayafi, Jamila."

"Ya daina shan magani. Da gangan ya kira baƙon, don a gani. In kin rufe shi yau, gobe ma zai sake, har ya kashe kansa."

Ta dube ni kamar ba ta san ni ba. A ƙarƙashin mayafin ƙafafun Sa'adu na dukan ƙasa, kuma abin ya wuce lokacin da ya saba tsayawa. Ita ta fi kowa sanin haka. Sai ta fizge mayafin da kanta ta jefar gefe, ta miƙe, ta sa hannu ta ture Malam Sadisu, limamin da ba ta taɓa haɗa ido da shi ba.

Ta ce, "Kai mai shari'a, zo nan. Farfaɗiya ce. Ɗana farfaɗiya gare shi tun yana yaro. Kalla da kyau." Sannan ta ce da mazan, "Ku kuma ku juyo."

Suka juyo ɗaya bayan ɗaya. Habibu tela, wanda ya yi shekaru yana tsaron wannan faɗuwa, ranar ya fara ganinta, ya dafe kai yana salati. Mutanen kotu suka taru. Wani ɗan sanda ya zaro makulli yana cewa a sa masa a baki kada ya haɗiye harshe. Sai na ji murya daga bayan taron, da ƙarfi, kafin mai ita ya yi tunani.

"Kada a sa mai komai a baki. A juya shi gefen hagu, a tallafi kan."

Isufu ne. Ƙafarsa ɗaya ta riga ta yi gaba, sai ya tsaya cak. Alƙali ya juya ya dube shi, lauyansa ma ya dube shi. Na ga fuskar Isufu ta canza, ba don tausayi ba, don haushin bakinsa. Ya juya ya fita daga kotun. Ni na durƙusa na yi abin da ya ce.

Sa'adu ya kwana biyu a asibiti kafin ya san inda yake, likita ya yi masa faɗa kamar zai ari baki. Hukunci ya fito, aka kori ƙarar Isufu, aka tabbatar wa Sa'adu kujerarsa. Bawa ya zo har Matameye yana murna, ya ce shari'ar nan za a daɗe ana ba da misali da ita. Inna ba ta dama fura ba wannan karon.

Domin dokarta ta karye, kuma ita ta karya ta da bakinta. Tunda Inna ta faɗa, kowa ya sami lasisin faɗa. Kalmar da aka yi shekaru ana haɗiyewa ta cika unguwa. Matan da ke lulluɓe shi jiya, yau su ke jan ƴaƴansu gefe in ya wuce. A wurin masu rake na ji wata tana kwatance da gidanmu, wai gidan mai farfaɗiya. Na tsaya na wanke ta tas, amma bakin mutum nawa zan wanke? Inna ta rage fita. Ba ta taɓa ce mini ga abin da kika jawo ba, ni ma ban taɓa ce mata ga abin da kika hana ba.

Isufu yana nan a biron, a kwantaraginsa, teburinsa na kallon na Sa'adu. A biron nan da hantsi ake dafa shayi, kuma Isufu ne mai dafawa tun fil azal. Ƙananan kofuna biyu ne ke zagaye kowa da kowa, daga shugaba har mai gadi, wannan ya sha a ɗauraye a miƙa wa wancan. Ranar da Sa'adu ya koma aiki, Isufu ya zagaya da faranti kamar kullum. Da ya zo kan Sa'adu sai ya ajiye masa wani sabon kofi, an ɗaura masa jan zare a gindi.

Ya ce a gaban kowa, "Naka ne. Tunda doka ta ware maka kujera, mu ma mun ware maka kofi."

Kuma duk cikinsu Isufu ne kaɗai ya san tabbas ba a ɗaukar ciwon nan, shi da ya share kumfar da hannun rigarsa tun suna yara.

Da yamma Sa'adu ya dawo da kofin a aljihu, don ba wanda zai haɗa shi da sauran a wanki. Ina gidan, shi ya ba ni labarin. Na tambaye shi ko ya sha. Ya ce ya sha mana, aikin ai nasa ne.

Inna na zaune tana jinmu. Ta miƙo hannu ya ba ta kofin. Ta juya shi ta dubi jan zaren, ta daɗe tana dubawa, ita da ta yi gaba da ƙanwar mijinta a kan raba kwano. Na ɗauka za ta rotsa shi da ƙasa. Sai ta zuba ruwa a ciki ta sha, ta wanke shi tare da kwanukanmu, ta kife. Da safe ta naɗe shi a tsumma mai tsabta ta sa masa a aljihu, tare da maganinsa.